Yarona ya ce akwai dodo a ƙarƙashin gado

Maman Walid, Gwammaja:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Yau kwana 5 yarona ɗan shekara 6 ya hana mu barci. Ƙanina ne, Allah ya shirye shi, ya kunna masa fim ɗin tsoro a waya. Yanzu in zai hau gado sai ya kwaso gudu tun daga bakin ƙofa ya daka tsalle, wai kada a cafke masa ƙafa. Na haska masa tocila, ba komai sai akwatunan lefena da wani warin takalminsa da muka gaji da nema. Ya ce ai dodon ɓuya yake in ya ga haske. Ni abin da ya ɗaure mini kai, dodon tatsuniyarmu a rijiya yake, ko kogi, ko dokar daji. Yaushe ya tare a ƙarƙashin gado?

Ɗan Yakasai:
Wa alaikumus salam Hajiya. Wannan baƙon dodo ne. Turawa tun yaro yana ƙarami suke ware masa ɗaki, a kashe fitila a ja ƙofa. Yana kwance shi kaɗai, ga duhu a ƙarƙashinsa inda ido ba ya kaiwa. Masu fim suka gane akwai kasuwa a nan. A fim ɗin Poltergeist na 1982, yaro ya sunkuya ya leƙa gefe ɗaya, ya leƙa ɗaya gefen, wayam. Yana ɗagowa 'yar tsana ta shaƙo shi ta baya ta ja shi ƙarƙashi. Jiran nan ne yake kashe mutum, ba fuskar dodon ba. Namu kuwa iyaye ne suka ba shi aiki: kar ka leƙa rijiya, kar ka je kududdufi, kar ka fita da magariba.

Autar Inna:
Ni dariya ma abin ya ba ni. Gadon ƙarfen kakarmu a Fagge, mai rumfa, ƙarƙashinsa kwalla ce kan kwalla, ga tasoshi, ga kwanon alkaki. Ko dodo ya zo ina zai sa ƙafa? Nan ne ma maɓoyarmu in an ɗauko bulala. Mu banɗaki muke tsoro in an ɗauke wuta, sai da ɗan rakiya.

Baban Gida, Kurna:
'Yar uwa, kar ku yi masa dariya, kar kuma ku daka masa tsawa. Ku sauke katifar ƙasa na kwana biyu, ya kwana kusa da yayansa. A tofa masa Ayatul Kursiyyu da Falaƙi da Nasi a shafe jikinsa. Ki kuma duba bayan akwatunan nan, wataƙila ɓera yake ji yana ƙwaramniya. Kawun nasa kuma a ja masa kunne.

Maman Walid, Gwammaja:
Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Mun sauke katifa jiya, ya yi addu'arsa ya kwanta lafiya lau. Har na fara gyangyaɗi sai na ji ya taɓa ni: "Mama, tashi ki rufe wadirob."