Romon lik da adas: wa ta iya ta koya mana?

Baƙuwar Gilasgo: Assalamu alaikum mutanen zaure. Dan Allah neman taimako nake, sanyi ya shigo mana nan Sikotland ƙarfe huɗu na yamma gari ya yi duhu, kuma kowa a wajen aiki da ɗan kwanon romonsa na lik da lentil yake zuwa, ƙamshin yana min daɗi amma ban taɓa kai shi baki ba don ban san me suke zubawa ba. Ina so in dafa nawa a gida. Wa ta iya? Kuma wane lentil ɗin zan saya, na ga ja na ga kore na ga mai ruwan ƙasa duk a jere

Uwar Biyu: Wa alaikumus salam. Ni dai tsaya tukuna, menene lik kuma

'Yar Jos: Ɗan uwan albasa ne Uwar Biyu, kamar lawashi amma ƙato, gindinsa fari dogo ba ya yin ƙwallo, ganyen kuma faffaɗa ne ba mai rami irin na albasa ba. Ana nomansa a nan Filato, ki shiga kasuwar Farin Gada da safe za ki gani an ɗaɗɗaure. Lentil kuma shi ne adas

Uwar Biyu: Au adas, ai sai ku ce haka

Anti Babba: Baƙuwa kin yi dabara da ba ki ci nasu ba. Na zauna a ƙasar nan shekaru, asalin yadda mutanen Sikotland suke yin wannan romon da ƙashin cinyar alade mai hayaƙi suke tafasa ruwan, shi ne yake ba shi wannan ɗanɗanon da suke so. Ba kowa ke sa wa ba yanzu, akwai masu yi da ruwan kayan lambu zalla, amma ko na gwangwani za ki saya sai kin juya bayansa kin karanta, haka dunƙulen ɗanɗano ma akwai na alade a kantunansu yana nan kusa da na kaza kwalin kusan iri ɗaya. Ki kula

Baƙuwar Gilasgo: Innalillahi. Na gode Anti, wlh zuciyata ce kawai ba ta kwanta ba

Anti Babba: To ga yadda nake nawa, na mutum huɗu. Lik manya 2, albasa 1, karas 2, jan adas kofi ɗaya wato wajen giram 200, ruwan nama kofi 5 zuwa 6. Jan za ki saya ƙanwata, shi an ɓare masa ɓawo an raba shi biyu, ba ya son jiƙo, minti 15 zuwa 20 ya narke ya zama ruwan ɗorawa ya ba ki kauri da kansa. Kore da mai ruwan ƙasa suna da ɓawonsu, sukan kai rabin awa ko fiye kuma ba sa fashewa, sun fi kyau a shinkafa ko kwaɗo. Ki sa bota ko man shanu cokali biyu a tukunya, ki zuba lik da albasa da ɗan gishiri ki rage wuta can ƙasa ki rufe, minti goma kina ɗan juyawa har su yi laushi su saki ruwa. Nan ne duk aikin yake. Kar ki bari ya yi ja, lik ba albasa ba ne, da ya ƙone ɗaci yake kuma babu abin da zai gyara shi. Sai karas, sai adas da kin wanke har ruwan ya daina yin fari, sai ruwan nama. In ya tafaso kumfa zai taso ki kwashe, ki rage wuta ki bar shi

'Yar Jos: Anti kin tsallake wanki, kuma shi ne ke kunyata mutane. Manoma suna tara ƙasa a gindinsa yana girma don jikin ya yi fari, to ƙasar nan shiga take tsakanin ganye da ganye, ki wanke bayansa ya yi fes amma ciki yashi ne zalla. Ki yanke saiwar, ki tsaga shi a tsaye gida biyu, ki buɗe shi a ƙarƙashin famfo kina ɗaga ganyen ɗaya bayan ɗaya da yatsa, wajen da fari ya fara komawa kore nan ne ma'ajiyar. Ko ki yayyanka ki zuba a roba da ruwa mai yawa ki cuɗa ki bari ya kwanta, sai ki TSAME da hannu. Kar ki juye a matsami, in kin juye yashin da ya kwanta a ƙasa kansa zai koma

Anti Babba: Gaskiyarki

Uwar Biyu: Koren ganyen fa zubarwa ake?

'Yar Jos: Haba asara. Mai haske-hasken ki yanka ƙanana ya shiga tukunya, mai duhun can sama yana da tauri shi sai ki jefa cikin ruwan tafashen nama ki tsame daga baya

Gwauron Zaure: Ni fa duk bayanin nan da kuke na ga faten wake ne kawai ya je Turai ya dawo

Uwar Biyu: Kai wa ya sa da kai, je ka dafa indomi ɗinka

Gwauron Zaure: Allah ya ba ki haƙuri Hajiya, koyo nake. Tambaya ta gaskiya: a sa kanwa?

Anti Babba: A'a ƙanina. Wake ake sa wa kanwa don ya yi saurin nuna, wannan kafin ka gama wanke kwanuka ya narke. Kanwa za ta canza masa launi da ɗanɗano a banza, kuma tana rage wasu sinadaran bitamin

Ta Omdurman: Salam ya jama'a. Mu a Sudan adas abincin kullum ne, na talaka da mai kuɗi, da safe da dare, lokacin sanyi da azumi kam ba a magana. Mu ba mu cika sa lik ba, albasa da tafarnuwa da tumatir ne, amma abin da zan ƙara miki ya ukhti shi ne kamun, mu shamar muke ce masa, adas babu shi kamar bai dahu ba. Ƙaramin cokali ɗaya, ki ɗan soya shi cikin man kafin ki zuba ruwa. In kin sauke ki daka tafarnuwa ki soya a mai kaɗan har ta yi ƙamshi ki juye a kai ta yi cuuu ki rufe tukunyar. Sannan ki gutsuttsura burodi a kwano ki kwarara romon a kai, man riɗi a sama, lemon tsami, ɗan barkono. Fatta kenan. Yara ba sa barin ko ɗigo

Baƙuwar Gilasgo: Kamun ɗin shi ne habbatus sauda? Ina da ita a gida

Ta Omdurman: La la, daban ne. Habba baƙa ce, wannan ruwan ƙasa ne siriri dogo-dogo. Shagon 'yan Pakistan ko Indiya ki ce jira za su ba ki

Anti Babba: Tunda Gilasgo kike ki je unguwar Pollokshields, shagunan halal sun cika wajen, adas ɗin ma babban leda ya fi araha a can, su masur dal suke rubutawa. Ki karɓo ƙashin saniya ko na rago a wajen mahauci ki tafasa shi da ganyen lik ɗin nan, ya fi miki kowane dunƙule

'Yar Maraɗi: Sannunku da hira. Mu nan Nijar fwaro muke ce mishi irin na Faransanci, masu kayan miya suna ɗaure shi da seleri da farsil su saida tare, cikin romon nama da miyar shinkahwa muke sa shi. Ni shawarata ki ƙara dankalin turawa guda ɗaya babba, shina sa romon ya yi santsi a baki. Kuma maganar hayaƙin nan da Anti ta yi, ai muna da abin da ya hi nasu, ki samu kaza gasassa ta gawayi ko ɗan banda ki ɓare ki sa, ƙamshin hayaƙin zai hito sarai

Uwar Biyu: Ni kam daddawa zan jefa da attaruhu uku, ban ga abin da zai hana ba

Anti Babba: Uwar Biyu kenan. Tukunyarki ce, amma lik zaƙinsa a ɓoye yake ba ya da ƙarfi, kina sa daddawa da attaruhu uku kin binne shi, kin yi asarar kuɗinki gara ki yi da albasa kawai. Ni masoro nake sa wa da ɗan tayim, yaji kuma a ajiye a gefe kowa ya barbaɗa daidai bakinsa

Uwar Biyu: Anti maigidana in bai yi gumi ba bai ci abinci ba

'Yar Jos: To ki jefa attaruhu ɗaya ɗungurungum kar ki fasa shi, ki tsame kafin ki markaɗa, ƙamshin zai shiga zafin ba zai yi yawa ba. Sulhu kenan

Uwar Biyu: Za a duba

Ɗalibar Alƙahira: Na shigo a makare. A Masar ma shi ne romon hunturu, suna sa karas da tumatir su markaɗa ya yi laushi sosai, wasu su soya siraran taliya su zuba, da soyayyar albasa a sama. Turkawa kuma narkakken bota da jan barkono suke yaryaɗawa. Abu ɗaya da kowa ya haɗu a kai shi ne lemon tsami, amma a ƙarshe, bayan an sauke. Tsami yana hana irin su wake da adas saurin laushi, don haka tumatir ma in da yawa ne ki bari sai adas ya fara fashewa. Kuma lemon yana taimaka wa jiki ya ɗauki sinadarin ƙarfen da ke cikinsa, masu ƙarancin jini da masu juna biyu su riƙe wannan, ba wai ya maye gurbin maganin asibiti ba

Gwauron Zaure: Malama tunda kina kusa da Azhar, wannan adas ɗin shi ne na cikin Baƙara?

Ɗalibar Alƙahira: Shi ne, aya ta 61, inda Banu Isra'ila suka roƙi Annabi Musa kayan da ƙasa ke tsirarwa, an ambaci adas da albasa a jere. Lik ɗin ma ya zo a hadisin Jabir a Sahihu Muslim, da sunansa na Larabci kurras, tare da albasa da tafarnuwa, cewa wanda ya ci kar ya kusanci masallaci saboda warin. Malamai sun yi bayani a kan ɗanye ne, in an dafa warin ya mutu shikenan, kuma wannan dahuwa yake sha har ya narke

Gwauron Zaure: Alhamdulillah, jam'i bai kuɓuce ba

Baƙuwar Gilasgo: Kai na ƙaru wlh. Dole sai an markaɗa? Ƙaramar bilenda gare ni

Anti Babba: Ba dole ba ne. Ni rabi nake markaɗawa in mayar cikin tukunya don a riƙa jin lik ɗin a baki. In za ki sa a bilenda ki bari ya sha iska, kar ki cika ta wuce rabi, ki cire ɗan murfin tsakiya ki dafe da tsumma, don tururi yana iya cilla murfin sama ya watso miki a fuska, ƙunar abu mai kauri ba wasa ba ce

'Yar Maraɗi: Mi za a yi da bilenda, ku kawo maburgi. Jan adas in ya nuna burgawa kaɗan ya wadatar, ga shi ba ruwanki da wutar lantarki

'Yar Jos: Waɗanda suke Kano ko Kaduna kuma ba su samu lik ba, albasa mai lawashi dami biyu da farar albasa ɗaya za su tsaya, ba daidai ba ne amma ya yi kusa. Sai dai lawashin a ƙarshe za a zuba don ba ya jure wuta. Adas kuwa manyan kantuna da shagunan Larabawa da Indiyawa suna da shi, da ɗan tsada don shigo da shi ake, yawancin na kasuwar duniya daga Kanada da Ostireliya yake fitowa. In na awo ne ki baza a tire ki tsince, akan samu tsakuwa

Uwar Biyu: Yaye fa? 'Yan biyuna sun shiga wata takwas

Ɗalibar Alƙahira: Suna iya sha Hajiya, ki ɗebi nasu kafin ki sa gishiri da dunƙule da yaji, ki markaɗa sosai, ki fara da cokali kaɗan ki ga yadda cikinsu zai karɓa don yana ɗan sa iska

Baƙuwar Gilasgo: Ta ƙarshe dan Allah kar ku gaji da ni, in na yi da yawa zai kai kwana nawa? Ina so in riƙa tafiya da shi aiki

Anti Babba: Kwana uku a firji cikin roba mai murfi, in ya huce ki sa shi da wuri kar ya kwana a kan murhu. Sauran ki raba ƙananan robobi ki jefa firiza, yana wata uku lafiya. Washegari za ki ga ya daskare ya yi kauri cokali na tsayawa a ciki, bai lalace ba, adas ne ya shanye ruwan. Ki ƙara ruwan zafi rabin kofi ki ɗumama a ƙaramar wuta kina juyawa don yana kama gindin tukunya da sauri, sannan ki ɗanɗana gishiri, lemon kuma ki yanka ki tafi da shi daban sai za ki sha ki matsa

Ta Omdurman: Da burodin ma daban, in ya kwana a ciki ya zama kunu