Tun da aka sa mana shawa tanki ba ya kwana biyu, ina mafita?

Maman Biyar:
Assalamu alaikum. Don Allah masu shawa a gida ku ba ni shawara. A Rikkos muke, mu takwas ne har da ƙanwar maigida. Tankinmu na lita 1,000 ne, daga rijiya muke jan ruwa da inji idan an kawo wuta, kuma a da yana kai mu kwana uku. A watan Nuwamba Abban yara ya sa aka gyara bayi, aka kafa shawa mai faffaɗan kai da hita, wai saboda sanyin Jos. Tun daga nan kwana ɗaya da yini famfo ya fara tari. Shi ya ce wankina ne ya yi yawa, alhali wankin da nake yi shi ne dai na da. Babban yarona ɗan shekara 15 kuwa in ya shiga sai na buga ƙofa sau uku kafin ya fito. Abin da ke hana ni barci shi ne rijiyar nan tana fara ja da baya daga Fabrairu, kafin Afrilu sai laka, lokacin sai 'yan garuwa. In sa a cire shawar ne ko akwai dabara?

Mai Gyaran Famfo, Dilimi:
Wa'alaikumus salam Hajiya. Kafin ku yi ta musu ke da Alhaji, ki auna. Ki tara bokiti a ƙarƙashin shawar, ki buɗe ta yadda yara ke buɗewa, ki duba agogon waya minti ɗaya daidai, sannan ki juye ruwan a robar da kika san litarta. Ƙarfin zubar ya danganta da tsayin da aka ɗora tanki da kuma irin kan da aka sa. A Amurka tun 1992 doka ta ƙayyade cewa kan shawa kada ya wuce galan biyu da rabi a minti, wajen lita tara da rabi kenan. Mu nan abin da mai shago ya miƙo shi ake ɗaurawa, kuma masu faɗi kamar faranti sun fi shan ruwa. A ce taku lita 10 take zubarwa, wankan minti goma ya tashi lita 100, jarka huɗu kenan ta 'yan garuwa mai lita 25, a jikin mutum ɗaya.

Sai kuma hita. Kafin ruwan zafi ya iso, duk ruwan sanyin da ya kwana a cikin bututu sai ya fara zubewa, mutum yana gefe yana taɓawa da yatsa. In hitar tana nesa da shawar, asarar ta fi yawa. Ki kuma ɗaga murfin tankin masai da dare ki saurara. In kika ji yana tsiyaya, robar ciki ce ta mutu, wannan ba dare ba rana yake sha.

Goggon Yara:
'Yata, ki koma wa bokiti da moɗa ki huta. Mun yi shekara da shekaru a Gangare da bokiti ɗaya muke wanka, ba wanda ya ce muna wari. A hadisin Anas an ce Manzon Allah (SAW) yana alwala da mudu ɗaya, yana wanka da sa'i zuwa mudu biyar. Ki dubi sa'in da muke awon zakkar fid-da-kai, shi ne fa. Yaron nan naki ba dauɗa yake wankewa ba, ɗumi yake sha.

Ɗan Bauchi Road:
Goggo ki gafarce ni, amma shawa ba ta da laifi. Ni da ita nake wanka kuma ban cika bokiti ba. Na buɗe in jiƙa jiki, in rufe, in saɓa sabulu in cuɗa da soso, sannan in sake buɗewa in ɗauraye. Duka zubar ruwan ba ta kai minti biyu. Lokacin da fari ya kusa ƙafar da madatsun ruwan birnin Cape Town na Afirka ta Kudu a 2018, lita 50 aka yanka wa kowane mutum a rana, har da sha da girki da wanki, kuma wankan minti biyu aka ce su riƙa yi. Ba su cire shawa ba.

Goggon Yara:
Kai ɗan nan, je ka ce wa yaro ya rufe ruwan zafi yana tsaye da kumfa a jiki da asubar Janairu a garin Jos, ka dawo ka ba ni labari.

Maman Biyar:
Na gode ƙwarai, Allah Ya saka da alheri. Malam mai famfo, na auna jiya da yamma: lita 11 a minti. Da safe na tsaya a bakin ƙofa da waya, yaron ya yi minti 13, lita 143 kenan shi kaɗai. Na nuna wa Abbansu lissafin, bai ce komai ba, sai ya tambaye ni ko an auna nasa. An auna, minti tara.

Ruwan sanyin da ke fara zubowa ya kusa rabin bokiti, yanzu na ajiye bokiti a ciki, da shi nake goge tsakar ɗaki da kora masai. Tankin masai lafiya lau yake. 'Yan ƙananan na mayar da su bokiti kamar yadda Goggo ta ce, in tara musu daga hita in sirka. Na manyan ne ban san yadda za mu ƙare ba. Malam, ƙaramin kan shawar nan mai igiya da ake riƙewa a hannu, zai hau bututun da muke da shi ko sai an fasa tayil?