Neman kalma: me za a kira "mosaic" da Hausa? Alhamis za a naɗa shirin

Mai Fassara: Assalamu alaikum. Jama'a a agaza min. Ina fassara wani labarin yara da za mu karanta a rediyo. A ciki akwai wani katafaren laburare da ba a san iyakar ɗakunansa ba, kewaye da shi kuma lambuna ne da aka kira "living mosaic". Ƙananan tsirrai da furanni ne aka jera launi-launi. In kana cikinsu ganye kawai kake gani, sai ka hau bene ka leƙo ta taga za ka ga hoto: doki, kwalekwale, fuskar tsohuwa. Da zarar an buɗe wani littafi a ciki, sai tsirran su motsa su sake hoton. Kalmar nan ta zame min ƙarfen ƙafa, kusan kowane shafi sai ta fito.

Malamin Zaure: Wa alaikumus salam. Ba sai an je da nisa ba, Larabawa na cewa fusaifisa'u. Masallacin Banu Umayya na Dimashƙa, wanda Halifa Walid ɗan Abdulmalik ya gina tsakanin 706 da 715, an yi wa bangonsa irin wannan ado da 'yan gutsattsarin gilashi masu ruwan zinariya, kuma bishiyoyi da kogi da gidaje aka fitar. Ka ga lambun ma ga shi nan a bango.

Mai Fassara: Allah gafarta Malam, na gwada faɗinta sau uku a jere, harshena ya harɗe. Yara ne masu saurare.

Bazazzagi: Aro, aro, kullum aro! Hausa ba ta mutu ba. Abin nan jere ne da ke haifar da zane, don haka ni na ce JEREZANE. Lambun jerezane. Jam'i jerezanai. Gajeruwa ce, ta hau karin harshe, ta kuma faɗi abin da take nufi.

Uwar Biyu: Malam, in na ji "jerezane" sai in ɗauka zannuwan lefe aka jera a kan gado.

Bazazzagi: Hajiya, zāne daban, zanè daban, kunne zai raba su. Da aka ce jirgin sama ai ba wanda ya tafi neman kwalekwale a gajimare.

Ɗan Damagaram: Mu a lakkwal mozayik muka ji, kuma ba wanda ya suma. Abin ma ba a tatsuniya kaɗai yake ba, masu Faransanci na ce masa mosaïculture, har an fara bajekolinsa na duniya a Montreal ta Kanada a 2000. Sannan mai ƙin aro bai ce uffan ba a kan "laburare", ko don daga Ingilishi ta zo?

Bazazzagi: Ɗakin karatu ya kamata a ce, na yarda. Amma dai kar a kawo mana Faransanci cikin daidaitacciyar Hausa.

Ɗan Damagaram: Daidaitacciyar wa? Ku in kun ara an daidaita, mu in mun ara an gurɓata ke nan? Zo Birni ka ga adon bangon gidaje, sannan ka koya mana Hausa.

Bazazzagi: Ni ɗan garin da Babban Gwani ya gina wa masallacin Juma'a za a nuna wa gini?

Mai Fassara: Don Allah a yi haƙuri, yau Talata fa.

Uwar Biyu: Ƙanena, bar su. Ni daɓe nake gani. Ina yarinya na ga an yi wa wata amarya daɓen ɗaki a ƙauyenmu. Mata suka baza tsakuwa, wata gwaggonmu ta durƙusa tana kafa tsingaro ɗaya bayan ɗaya a bakin ƙofa, tana juya shi har sai ya zauna, aka yayyafa ruwan makuba, aka hau bugu da madaɓi ana waƙa. Ko yanzu magina na shimfiɗa fasassun tayil a tsakar gida su fitar da tauraro. Ka ce daɓen furanni, yaro zai gane ƙanana ne da yawa suka haɗu a ƙasa suka zama abu guda.

Malamin Zaure: Daɓe ai bugu ne, Hajiya. Furen da aka daɓe ya mutu, shi kuwa na labarin rai gare shi.

Uwar Biyu: To shi ne abin mamakin, Malam. Daɓe mai rai, wanda ke motsi. Ba tatsuniya ba ce?

Ɗan Damagaram: Wannan ta shiga kunne. Sai dai lambu ma da sauransa, ni in an ce lambu albasa da salati nake gani.

Mai Fassara: Lambun zai zauna haka nan, ba lokaci. A farkon fitowarta zan ce "daɓen furanni mai rai" in ƙara jimla ɗaya ta bayani, daga nan sai "daɓen" kawai. Na gode Yaya, Allah ya raya biyun.

Malamin Zaure: Don rediyo ba laifi. A rubutun ilimi dai ba zan karɓa ba.

Bazazzagi: Daɓen ya yi wa wannan labarin kaɗai. Ranar da aka ce ku fassara na jikin bango ko na rufin ƙubba, za ku dawo ku nemi jerezane. Kuma har yanzu ba ka ce ka cire laburaren ba.

Mai Fassara: Ban cire ba.