Ƙanwata ta nace sai fim, ta ina ake farawa daga nan Jos?

Maman Walida:
Assalamu alaikum. Ƙanwata ta gama sakandare, ta nace sai harkar fim, musamman shirye-shirye masu dogon zango na talabijin da YouTube. Iyayenmu sun ce ba za su hana ba muddin ta ƙofa za a shiga. To ina ƙofar take? Dole sai ta koma Kano?

Malam Sabo:
Wa alaikumus salam Hajiya. Karatun dai a nan gida yake. Hukumar Fina-finai ta Najeriya, NFC, wadda aka kafa a 1979, a Jos hedikwatarta take, kuma tana da cibiyar koyar da fim, NFI. Akwai kwalejin talabijin ta NTA a Rayfield, ga kuma sashen wasan kwaikwayo a Jami'ar Jos. In fitowa gaban kyamara take so, jami'ar ta fi dacewa da ita, don sauran biyun sun fi ƙarfi a aikin bayan kyamara.

Amma kasuwar fim ɗin Hausa tana Kano. Kafin ta taka lokeshan, wato wurin ɗaukar fim, a can, ta yi rajista da ƙungiyar masu shirya fim, MOPPAN, da Hukumar Tace Fina-finai ta Jihar Kano, ta riƙe amincewar iyaye a rubuce. Duk wanda ya ce a kawo kuɗi ya sa ta a fim, ko ya kira gwaji a ɗakin otal, a rabu da shi. Furodusa ne ke sallamar jaruma, ba ita ke biyansa ba.

Anti Larai:
'Yar'uwa, abin da ke kayar da sababbin jarumai ba rashin kyau ba ne, rashin sanin yadda ake ɗaukar shiri ne. Ba a bin labari daga farko zuwa ƙarshe. In an samu gida, duk fitowar da ta shafi gidan ake ɗaukewa, ko ta kashi na 2 ce ko ta na 11. Sai ta yi kukan mutuwar miji da safe, da yamma ta yi murnar baikonsu. Don haka ta karanta labarin gaba ɗaya, ta rubuta a gefen kowace fitowa abin da ya faru kafin ita.

Sai kaya. Atamfar da ta shiga ɗaki da ita yau, da ita za ta fito ko bayan sati uku aka ɗauki fitowar, har ɗaurin ɗankwali da ɗankunne. Ta ɗauki hoton kanta a waya kafin kowace fitowa. Lalle ne babban mai tona asiri, yana kodewa cikin sati biyu, sai a ga hannu baƙi wuluk a falo, fari fat a bakin ƙofa. Kada ta yi shi sai darakta ya ce. Yadi mai ƙananan layuka yana rawa a kyamara, awarwaro da sabuwar shadda kuma suna cika makirfon da ƙara, a yi ta maimaita ɗauka har darakta ya gaji da ita.

Maman Walida:
Na gode Anti. Batun sallama fa?

Baban Khalifa:
A nan ake yawan ɓatawa, Hajiya, saboda an saba da yarjejeniyar baka. A rubuta: kashi-kashi za a biya ko zango-zango, nawa za a ba ta kafin a fara, wa zai ɗauki abinci, masauki da kuɗin mota daga Jos, kuma kayan sawa nata ne ko na kamfani. Sau da yawa jaruma ce ke zuwa da kayanta, ɗinki ya cinye sallamar. A kuma rubuta yadda za a rabu, don shiri mai dogon zango kan ɗaure mutum shekaru. Nafisa Abdullahi, haifaffiyar nan Jos, ta bar shirin Labarina ana tsakiyar labari, dole aka ba wata jarumar rawar Sumayya da take takawa.

Ƙanwarki ta san cewa abin da ta yi ko ba a lokeshan ba ma ana lissafa mata. A 2016 MOPPAN ta kori Rahama Sadau kan bidiyon waƙar da ta fito tare da mawaƙi ClassiQ, ba kan fim ba. Kafin ƙanwarki ta amsa gayyatar mawaƙi ko mai talla, ta tambayi ƙungiya tukuna.