Rinin ƙwai: wane suna ya dace da abin da ake ɗigawa?

Malamar girki, Katsina: Assalamu alaikum. Ina rubuta wa ɗalibaina darasi kan yadda ake sauya launin ɓawon dafaffen ƙwai, al'adar da Kiristocin Turai da Amurka suka saba da ita a bikin Ista. Ana zuba ruwan zafi rabin kofi, a sa ƙaramin cokali ɗaya na ruwan khal, a ɗiga abin da ke ba da launi sau 10 zuwa 20, sannan a tsoma ƙwan ya yi minti 5. Aikin na kira shi rinin ƙwai, amma me zan kira abin da ake ɗigawa? A kasuwa «kalar abinci» ake cewa, ni kuwa ina son kalmar da ba aro ba ce.

Malamin Hausa, Daura: Wa alaikumus salam, Malama. «Launin abinci» ne ya fi saurin zuwa baki, sai dai yana da harshen damo, domin wanda ya ce launin abincin nan ya yi kyau, kamannin tuwo ko miya yake nufi, ba wani abu da ke cikin kwalba ba. Ina ganin «rinin abinci» ya fi, tunda tsomawa ake yi har launi ya kama, kuma tsamin khal ne ke taimaka masa ya zauna a jikin ɓawon.

Dattijo marini, Katsina: Malam, a kan aikin na yarda da kai, rini ne, ƙwan kuma rinanne. Amma mu da muka tashi a bakin karofi mun san cewa idan aka aiki yaro ya sayo abin rini, galura zai kawo, ita kuwa ta tufafi ce, ba ta shiga ciki. Ƙwai yakan tsage wajen dahuwa, launin ya ratsa har farinsa, don haka sunan da zai sa a rikita su biyun bai dace ba. 'Yata, ki ce «launin girki», wanda ya haɗa har da gangamau da ɓawon albasa, waɗanda su ma suna rina ƙwai.

Malamar girki, Katsina: Na gode, Baba, Allah ya ƙara girma. Zan rubuta «launin girki», amma a farkon darasin zan ambaci «kalar abinci» sau ɗaya, domin da wannan sunan mai shago zai gane abin da ɗalibai suke nema.