Mai Mazari: musayar baitoci kan mai juya tatsuniya

Jikar Kaka:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Jiya ina yi wa yarana tatsuniyar 'yar mowa da 'yar bora, na so in canza ƙarshenta, bakina ya ƙi. Sai na raya a zuciyata cewa a ƙasar su Gizo akwai wata da ba a gani, ita ke juya labari. Na raɗa mata suna Mai Mazari. Duk mai amsawa ya riƙe mini amsa-amon "re".

Ga ta nan ga ta nanku, yara ku matso,
Wata ya fito, ku zauna a jere.

A ƙasar su Gizo akwai wata dattijuwa,
Ba mai ganinta, aikinta kaɗin zare.

Dodo bai taɓa jin ƙanshinta ba,
Zaki bai san makwancinta ba da dare.

In ta shafa alli ta murza mazarinta,
Sai auta ya tashi da sarauta da aure.

Sau uku take ja kafin ta saki:
Na fari ya faɗi, na biyu ya faɗi, na uku ya ƙetare.

Ɗan Marina:
Yaya, kin sosa mini inda ke yi mini ƙaiƙayi. Amma kaɗi kaɗai bai isa ba, ni na ce har rini tana yi.

Mu a Ƙofar Mata mun san sirrin karofi,
Baba da toka da katsi ake haɗawa tare.

Tsomi ɗaya ba ya sa shuɗi ya kama,
Sai a tsoma, a ɗaga ya sha iska, a daure.

Haka ta tsoma Kura a ramin kwaɗayi,
Ta ba Dila malanta, ya zauna a zaure.

Gizo kuwa ta bar shi ya kwana a ciki,
Harshe ya yi tsami, amma ko an ɗaure shi sai ya tsere.

Malam na Damagaram:
'Ya'yana, waƙa ta yi armashi, sai dai a yi hattara.

Mai juya al'amari Ɗaya ne, ba na biyu,
An ɗauke alƙalami, rabon kowa na tsare.

Kada yaro ya ji ya zaci wata na da iko,
Ƙaramar ɓaraka ce ke sa garu ya dare.

Jikar Kaka:
Allah ya gafarta Malam, na ji kuma na karɓa.

Ikonta bai wuce bakin tabarma ba,
Da an ce ƙurunƙus, mulkinta ya ƙare.

Ba don Gizo ba da na yi ƙarya, muke cewa,
Ita ko ba ta 'ya'ya, iyakarta fure.

An ce mai tatsuniya da rana ɓata zai yi,
Rana ta gaskiya ce, ita mun bar mata dare.

Malam na Damagaram:
Madalla, 'yata. In iyakarta ke nan, ku ci gaba, ina saurare.

Autan Zaure:
Yaya, ni tambaya gare ni. Tun 1911 Bature Frank Edgar ya fara buga tatsuniyoyinmu a littafi. Na karanta wasu a makaranta, komai na nan, amma jikina bai motsa ba.

Na same su a kwance, layi bin layi,
Ba mai cewa "ta zo mu ji ta", ba mu tare.

Shin Mai Mazari tana bin tawada,
Ko tana tsayawa ne daga bakin ƙyaure?

Yau ga mu muna hira a yanar mijin Ƙoƙi,
Ko nan ma tana iya miƙo mana zare?

Jikar Kaka:
Ƙanena, tambayarka ta sa ni hawaye. Bari in faɗa maka inda na san ta.

Kakata ce ta koya mini 'yar bora,
Hannu na kaɗi, baki na labari, fitila na ci da dare.

In aka zo kan tsohuwar bakin rafi,
Mai cewa "cuɗa mini baya", sai murya ta sare.

Ta ja wurin, ta daɗe, ta maimaita,
Mu ko mun ƙosa, ita tana ta gyare-gyare.

'Yar mowa ta yi raini, ta komo da wahala,
'Yar bora ta yi ladabi, ta komo da ado da turare.

Ko sau ɗaya ba ta bari an juya shi ba,
In mun roƙa, sai ta ce haka yake a ɗaure.

Sai bayan rasuwarta gwaggona ta gaya mini,
Ita ce borar gidan, tun farkon aure.

Abin da ba ta faɗa wa kowa da rana ba,
Shi take kaɗawa a labari, mu muna saurare.

Mazarinta na nan a taskira a ɗakina,
Da ragowar abawar da ba ta ƙarasa ba, ban taɓa bari an warware.

Ɗan Marina:
Allah ya jiƙan Kaka, ya sa ta huta. Yaya, kada ki kawo mini abawar nan rini, ki bar ta fara yadda ta bar ta.