Idan an rushe majalisa, ina ƙarar zaɓe take kwana?

Ɗan Zazzau: Assalamu alaikum. Jiya bayan sallar isha'i musu ya kaure tsakanina da kawuna. Shi ya ce idan aka rushe majalisar dokoki alhali wani ɗan takara yana kotu yana ƙalubalantar sakamakon zaɓe, ƙarar ta mutu murus. Ni na ce ina, dole alƙali ya faɗi wanda ya ci. Mun yi da shi wanda aka kayar zai sayi tsire. Masana shari'a, ku raba mu.

Lauyan Unguwa: Wa alaikumus salam. Ɗan uwa, ka tanadi kuɗin rabin tsiren. A Ingila kawu ne da gaskiya: ana rushe majalisa ƙarar take faɗuwa, tunda kujerar da ake rigima a kanta babu ita. Indiya ce ta raba abin gida biyu. A 1974 kotun ƙolinsu ta ƙi ci gaba da wata shari'a daga jihar Orissa, domin an riga an rushe majalisar jihar, hukuncin ba zai amfani kowa ba. Amma idan zargin na almundahanar zaɓe ne, kamar sayen ƙuri'a, ana ci gaba da shari'a, saboda wanda aka kama ana iya hana shi takara har shekara 6. Irin haramcin da kotun Allahabad ta yanke wa Indira Gandhi, firaministar Indiya ta lokacin, ke nan a 1975.

Hajiya Maitaya: Barista, ka manta da gida. A Najeriya shugaban ƙasa ba shi da ikon rushe majalisa, wa'adin shekara 4 ne ke cika. Can baya da gangan ake jan shari'a. Peter Obi ya shiga zaɓen 2003, bai hau kujerar gwamnan Anambra ba sai Maris 2006, shi ma don gwamna ne aka lissafa masa shekarunsa daga ranar rantsuwa. Ɗan majalisa kuwa ragowar wa'adin kawai zai tarar. Gyaran tsarin mulki na 2010 ne ya sa kwana 21 na shigar da ƙara, 180 na yanke hukunci, 60 na yanke hukunci kan ƙarar da aka ɗaukaka.

Ɗan Zazzau: Na gode Barista, na gode Hajiya. Na karanta wa kawu, ya ce shi da ma Ingila yake nufi, kuma tsirensa cikakke yake jira.